Firitatar dankali da cukun feta: a kasko za ki ƙarasa ta ko a obin?

Firitata abincin mutanen Italiya ne, kuma in aka bi ta kayan haɗi ba ta yi nisa da dankali da ƙwan da muke soyawa lokacin buɗa-baki ba. Inda suka rabu shi ne kauri da wuta. Wainar ƙwanmu siririya ce, wuta mai ƙarfi take so, kafin minti biyu an juya an sauke. Ita firitata kaurinta yana kai yatsu biyu a haɗe, dankalin da cukun suna cikin ƙwan tun farko, ba a naɗe ta, kuma sai ta ɗan huce ake yanka ta gunduwa-gunduwa. Wannan kaurin ne ke jawo matsalar da duk mai yin ta sai ta ci karo da ita: ƙasa yana nuna, har ya fara ƙauri, alhali sama na nan ruwa tsululu. Hanya biyu ake bi a shawo kan wannan. Ko dai a bar ta a kan murhu, a rage wuta a rufe, in ta kama a kifa ta a faranti a mayar, ko kuma a fara ta a murhu a tura ta obin zafi ya kewaye ta. Kowace hanya tana fitar da abinci mai daɗi, sai dai ba abu ɗaya suke fitarwa ba, kuma ba girki ɗaya suka dace da shi ba.

Ga ma'aunin da zan riƙa magana a kansa, uwargida, don mu tafi tare: ƙwai 6, dankalin turawa gram 350 zuwa 400 (matsakaita uku ko huɗu ke nan), albasa ɗaya, feta (farin cuku mai gishiri da tsami) gram 100, mai cokali 3 zuwa 4, masoro, da ɗan ganye kamar lawashi ko na'a-na'a. Kasko mai faɗin santimita 22 zuwa 24 ne daidai da wannan. Ki riƙe adadin ƙwan nan a ranki, domin shi ne zai yanke hukunci a ƙarshe.

Mu fara da kasko, tunda shi ke kowane gida. Bayan kin soya dankali da albasa sun yi laushi, ki juye su cikin kaɗaɗɗen ƙwai, ki goge kaskon, ki zuba sabon mai cokali ɗaya, ki bari ya yi zafi sannan ki juye haɗin. Minti ɗayan farko wuta matsakaiciya, kina jan gefen da ya fara kamawa zuwa tsakiya da cokalin katako, kina karkata kaskon ɗanyen ƙwan na gangarawa ya cike gurbin. Daga nan ki mayar da wutar can ƙasa, ƙasan da har za ki ji kamar za ta mutu, ki rufe. Minti 10 zuwa 12 ya kan isa. Alamar da za ki duba ita ce gefe ya janye daga jikin kasko, in kin girgiza ta tana zamewa gaba ɗaya, tsakiya kuma yana ɗan rawa amma ba ya kwarara.

A nan ne mai kasko za ta zaɓa: ta bar ta a rufe turiri ya ƙarasa saman, ko ta juya. In kin bar wa turiri, babu fargabar komai, amma saman zai fito fari fes, da ɗan laima, domin ruwan da ya taru a murfi yana ɗiga ya koma ciki. Ki riƙa ɗaga murfin kina goge shi da tsumma sau ɗaya ko biyu, hakan na rage abin. In kuma juyawa za ki yi, ki samo faranti shimfiɗaɗɗe wanda ya fi bakin kaskon faɗi, ki sauke kaskon daga wuta, ki kifa farantin a kai, tafin hannunki ɗaya a bayan farantin da tsumma, ɗayan a mariƙi, ki juya gaba ɗaya lokaci guda ba tare da tsayawa a rabi ba. Mai jinkiri a tsakiya ita ce man suyar ke zubo wa a hannu. Sai ki zame ta ta koma kasko, ɗanyen gefen a ƙasa, minti 2 zuwa 3 a buɗe. Haka mutanen Sifaniya ke yi wa tasu wainar dankalin, tortiya, wadda suke dafa dankalinta a hankali cikin man zaitun mai yawa, kuma haka tsofaffin Italiya da yawa ke yi wa firitata har yau. Ni dai in a kasko nake, juyawa nake yi, domin gefe biyu masu ja sun fi gefe ɗaya daɗi, kuma zagayen bakinta yana fitowa a dunƙule gwanin sha'awa.

Abin da kasko ya fi obin da shi a fili yake. Gas kaɗan yake ci, ba ruwansa da ɗauke wuta, ba ya dumama ɗakin girki a watan Afrilu, kuma idonki na kan abin daga farko har ƙarshe. Cikinta ma ya fi fitowa da taushi, tunda kina iya saukewa daidai lokacin da tsakiya ya kama. Rauninsa kuwa biyu ne. Na farko, ya dogara ƙwarai da irin kaskon. Siririn kaskon alminiyon da ya lotsa a tsakiya yana tara zafi wuri ɗaya, ya ƙona tsakiyar ƙasan kafin gefe ya san ana yi. Mai kaurin gindi ake so, ko na baƙin ƙarfe da ya sha mai ya saba, ko irin wanda abinci ba ya kamawa a cikinsa. In naki siriri ne, ki ɗora wani tsohon faifan ƙarfe ko murfin tukunya marar mariƙi a kan wutar, ki aza kaskon a kai, zafin zai bazu. Rauni na biyu shi ne ba ya ɗaukar yawa. Da zarar ƙwai ya wuce 6 ko 7, kaurin ya ƙaru yadda zafin da ke zuwa daga ƙasa kaɗai ba zai kai sama a kan lokaci ba, nauyin kuma ya fi ƙarfin juyawa da hannu ɗaya.

Obin kuwa daidai wannan gurbin yake cikewa. Ki kunna shi tun kina fere dankali, ya kai digiri 180 na ma'aunin Celsius. Ki fara firitatar a murhu minti 3 ko 4 har gefe ya kama, sannan ki tura kaskon tsakiyar obin, minti 12 zuwa 15. In ƙwan ya kai 10 ko 12, ba sai kin bi ta kasko ba ma: ki shafa mai a farantin gashi, ki juye, ki ba ta minti 25 zuwa 30. Zafi na shigar ta ta ko'ina, tana ɗan tasowa, saman ya yi ja, babu juyawa babu fargaba, ke kuma hannunki ya samu sararin yanka tumatir ko haɗa shayi. Wanda obin ɗinsa ke da wutar sama yana da gajeriyar hanya: a kai ta kusan nuna a murhu, a saka ƙarƙashin wutar saman minti 3 zuwa 5. A nan kada ki matsa ko nan da can, don tsakanin ja da baƙi ba nisa.

Amma obin na da nasa sharuɗɗan. Kasko mai mariƙin roba ba ya shiga, sai na ƙarfe zalla, kuma wannan mariƙin ƙarfen in ya fito yana riƙe zafi na tsawon lokaci, ki rataya masa tsumma don kada wani ya zo ya kama. Dumama obin kaɗai yana cin minti 10 zuwa 15 na gas ko lantarki, wanda saboda ƙwai huɗu ko shida asara ce. Na lantarki kuma in aka ɗauke wuta a tsakiyar gashi, sai ki koma kaskon da kika guje wa. Babban laifinsa dai shi ne yana ɓoye miki abin da ke faruwa. Ƙwai yana kamawa ne a wajen digiri 70, kuma digiri 71 a tsakiya shi ne abin da masu kula da tsaftar abinci ke cewa ya isa. In ya zarce haka sosai, sai ya matse ya fitar da ruwansa, ki yanka ki ga cikin ya yi huji-huji kamar soso, ruwa na kwance a faranti, ƙarni ya tashi. Minti uku na ƙari a obin ya isa ya jawo haka. Ki fitar da ita tun tsakiya na ɗan motsi, zafin da ke jikinta zai ƙarasa sauran.

Inda hanyoyin biyu suka fi bambanta a baki shi ne wajen feta. Wannan cukun na Girka ne, da nonon tumaki ake yin sa, ko a haɗa da na awaki wanda bai wuce kashi 30 cikin ɗari ba, kuma yana kwana aƙalla wata biyu cikin ruwan gishiri kafin a sayar. Tsaminsa ne ya sa ba ya narkewa ya yi yauƙi irin cukun da ake sa wa fiza. In ya ji zafi laushi yake yi ya tsaya a inda aka ajiye shi. A obin, in kin barbaɗa rabinsa a sama, busasshen zafi yana gasa bakin kowane gutsure ya yi ruwan ƙasa, waje da ɗan ƙarfi ciki da taushi, kuma gaskiya wannan shi ne abu mafi daɗi a firitatar obin. A kasko ba za ki samu haka ba. Ƙarƙashin murfi feta na fitowa fari da laima, in kuma kin juya, wanda ke sama zai manne a gindin kasko ya yage miki fuskar firitatar. Don haka mai kasko ta tura fetanta ciki: ta zuba rabin haɗin, ta watsa cukun, ta rufe da sauran. Ko ta wace hanya, kada ki marmashe shi ya zama gari. Ki ɓalla shi gutsure-gutsure kamar girman gyaɗa biyu, yadda mai ci zai riƙa cin karo da shi, loma ɗaya dankali mai sanyin ɗanɗano, ta gaba gishiri da tsami.

Maganar gishiri kuwa, gram 100 na feta yana ɗauke da gram 2 zuwa 3, kusan rabin ƙaramin cokali ke nan. Ki ɗan barbaɗa wa dankalin yayin da yake kan wuta, ki bar ƙwan haka nan ko ki sa ɗan kaɗan. Dunƙulen ɗanɗano ba shi da gurbi a nan, zai danne tsamin da kika kashe kuɗi a kansa. Attaruhu kuwa yana shiga sosai, rabin ɗaya a yanka ƙanana a soya tare da albasa.

Sai dankalin kansa, wanda dole ya nuna kafin ya haɗu da ƙwai, domin lokacin da ƙwai ke ɗauka bai isa ya dafa ɗanyen dankali ba ko a obin ne. Masu tafasawa suna yanka shi ƙanana su ba shi minti 8 zuwa 10 a ruwan gishiri. Ba ya shan mai, kuma ya fi sauƙi in da yawa za a yi, shi ya sa ya fi tafiya da obin. Sharaɗinsa a tsane shi a bar shi a kwando har turirin ya gama fita, in ba haka ba ruwansa zai sauka cikin ƙwan. Masu soyawa kuwa suna yanka shi fale-fale, kaurin milimita 3 ko 4, su zuba a mai cokali uku tare da albasa, su rufe a matsakaiciyar wuta minti 12 zuwa 15 suna juyawa jefi-jefi. Ba suyar ƙarau ake nema ba, laushi ake so da ɗan ja a baki-baki. Wannan ya fi gardi nesa ba kusa ba, kuma mai kasko shi ya kamata ta bi, tunda ba ta da gasasshen saman da zai ba ta ƙamshi, daga dankalin nata zai fito. Akwai dabarar 'yan Sifaniya da ta cancanci aro: a juye dankalin da ɗuminsa cikin kaɗaɗɗen ƙwai a bar shi minti 10 kafin a mayar wuta. Yana shan ƙwan, in an yanka ba ya rabuwa.

Irin dankalin ma na da tasiri. Wanda ba ya dagargajewa in ya dahu shi ake so, kuma Nicola da Marabel da ake nomawa a Filato, wajen Bokkos da Mangu da Barikin Ladi, suna riƙe jikinsu da kyau. Mai gari-gari in an tafasa shi yakan farfashe, to irinsa gara a soya. Duk wanda fatarsa ta yi kore ko ya yi tsiro ki yanke wurin da zurfi, in koren ya yi yawa ki jefar.

Akwai hanya ta uku da ta tsaya tsakanin biyun, wadda masu gasa kek ba obin suka sani: wuta sama da ƙasa. A kurfoti ki rage garwashin ƙasa ya zama kaɗan, ki rufe kaskon da murfin ƙarfe marar roba, ki ɗora garwashi biyar ko shida a kan murfin. Saman yana ja, fetan yana gasuwa kusan yadda obin ke yi. Wahalarta ita ce toka, sai kin ɗaga murfin a hankali ba karkatawa, kuma zafin ba ya aunuwa sai da ido. Ga wadda gawayi ne girkinta na kullum, wannan ya fi mata juyawa.

Kafin ki yanke shawara ki duba wane cuku ne a hannunki, domin shi ma yana tura ki wata hanya. Tun 2002 Tarayyar Turai ta keɓe sunan feta ga wanda aka yi a wasu yankunan Girka kaɗai, kotun tarayyar ta tabbatar da hakan a 2005 bayan Denmak da Jamus sun ƙalubalanta. Wannan dokar ta can ce, shi ya sa a manyan kantunanmu za ki ga abubuwa iri-iri da sunan feta. Na asali yana zuwa ne a dunƙule cikin ruwan gishiri, yana ɓarewa, yana da tsami mai kaifi, kuma yana jure kowace hanya. Na nonon shanu ya fi santsi da sanyin ɗanɗano, ya fi araha, yana yi ba laifi. Akwai kuma mai laushi da ke zuwa cikin kwali, galibi daga Masar, wanda in kin karanta jikinsa za ki ga an haɗa da man itatuwa. Shi shafawa a burodi ya fi dacewa da shi. In shi kika samu, ki ɗiba da cokali ki ɗiɗɗiga a sama ki tura obin, amma juyawa a kasko zai watsa shi. 'Yan uwanmu da ke Sudan ba su da wannan damuwar, farin cukunsu jibna baida, wanda garin Duwaim ya yi suna da shi, ɗan gidan feta ne wajen gishiri da tsami, ya shiga kai tsaye. Wadda ke kula da abin da aka daskarar da nonon da shi, tunda wani daga tumbin ɗan rago ko ɗan maraƙi ake samo shi wani kuma ba daga dabba ba, ta duba rubutun jikin fakitin, yawanci suna faɗa.

In feta ya gagara, ko kuɗinsa ya fi na sauran kayan gaba ɗaya, wanda hakan na faruwa, ɗanyen cukun Fulani da ake daskararwa da ruwan tumfafiya shi ne mafi kusa wajen rashin narkewa. Sai dai ba shi da gishiri ba shi da tsami, kuma yana riƙe ruwa. Ki yanka shi ƙanana, ki jiƙa a ruwan gishiri da lemon tsami rabin awa, ki tsane, ki ɗan soya ya yi ja kafin ki zuba a ƙwan. Shi kasko ya fi karɓarsa, don bayan suya ba ya mannewa ko an juya, a obin kuwa wanda ke sama yakan bushe ya yi tauri. Ba zai ba ki ɗanɗanon feta ba, abinci ne na daban mai daɗinsa. Busasshen cukun Nijar na wajen Tawa da Abalak ya yi tauri da yawa a saka shi gunduwa, sai dai a daka kaɗan a barbaɗa cikin ƙwan don ƙamshi. Awarar waken suya kuwa ki bar ta da yajinta, cikin ƙwai ɓacewa take yi.

To wacce za ki ɗauka? In ku biyu ne zuwa huɗu, ƙwai bai wuce 6 ba, kuma kaskonki mai kaurin gindi ne, ki tsaya a murhu: soyayyen dankali, feta a ciki, wuta can ƙasa, ki juya in hannunki ya faɗa, ki bar wa murfi in yau ne farkonki. Wannan ita ce ta ranakun aiki da sahur, kuma ita nake ba wa mafi yawan gidaje shawara. In baƙi ne za su zo, ko ƙwan ya kai 8 zuwa sama, ko kin sayi feta na asali kina son a ga kuɗinki a fuskar abincin, obin ne: dafaffen dankali da ya tsane sosai, rabin cukun a sama, ki fitar tun tsakiya na rawa. Mai siririn kasko da obin a gida ita ma ta bi obin ko ƙwan kaɗan ne, domin kaskon zai ƙona mata ƙasa. Mai siririn kasko ba obin kuma ta rage ƙwan zuwa 4, ta yi sau biyu.

Ko ta ina ta fito, ki ba ta minti 10 kafin wuƙa ta taɓa ta, a lokacin ne take gama haɗe jikinta, kuma ɗanɗanon feta ya fi fitowa da ɗumi-ɗumi a kan da zafi. Ta obin ta fi jure kwana, tana yankuwa tsaf washegari don abincin makaranta, ta kasko kuwa ta fi daɗi a ranar. A firij tana kai kwana 3 a rufe. A waje kada ta wuce awa 2, lokacin bazara kuwa awa 1.